Rigar da Hajiya Ummakulsum Ta Gani a Mafarki

Sau biyu Basirat ta ɗinka wa Hajiya Ummakulsum riga, sau biyu rigar ta dawo shago a cikin leda, a ninke tsaf.

"Ba ita ba ce," in ji Hajiya, ta zauna a kan bencin masu jira, ta ɗora jaka a cinya.

Hajiya Ummakulsum shugabar wata makarantar 'yan mata ce, ta yi ritaya, gobe kuma tsofaffin ɗalibanta za su yi mata walima. Mako guda ke nan, duk ranar da ta kwanta bayan azahar sai ta yi mafarkin tana sanye da wata shuɗiyar riga. Ita take so ta sa wajen walimar, ba wata ba.

"Hajiya, wuyan zagaye ne ko mai kusurwa?" Basirat ta tambaya, biro a hannu.

"Wuya ne dai irin na riga."

"Hannun fa?"

"Suna nan, guda biyu."

"Akwai aiki a gaban?"

"Basira, da na iya zana riga ai da ban zo wurin tela ba. Na gaya miki, idan na sa ta sai in ji kamar in yi ta tafiya a ƙasa har Wudil." Ta zaro wani shuɗin leshi daga jaka ta ajiye a kan tebur. "Wannan shi ne na ƙarshe. Shekara talatin da ɗaya ina ɗinki a shagon nan, tun uwarki tana taka keke da ke a goye. In wannan ma ta ɓaci zan kai ɗinkina wani wuri, kuma ni da ƙafata zan je in gaya wa Iya dalili."

Wata takwas ke nan da Basirat ta karɓi shagon na Fagge, tun da idon Iya, mahaifiyarta, ya daina ganin kafar allura. Kullum ta koma gida, kafin ta cire takalmi, tambayar Iya ɗaya ce: "Hajiya ta zo?" Sauran masu kawo ɗinki ko a jikin Iya. Basirat ta dubi leshin, ta dubi almakashi, ta ga ba za ta iya sa ɗaya a jikin ɗaya ba. Ta rufe shago ta nufi Sabon Gari.

Kowa ya san tsohon madubi, wanda bayansa ya fara ɓarewa, yakan buɗe hanyar shiga mafarkin mutane tsakanin azahar da la'asar, lokacin da rabin gari ke barcin rana. Shiga ce ba a cika yi ba, don ba mai son ya ga abin da maƙwabcinsa ke mafarki, gobe kuma su haɗu a bakin famfo. Baba Jimoh, mai yankan gilashi a cikin kasuwa, yana da irin wannan madubi a ƙuryar shagonsa, ya lulluɓe shi da tsohon zani.

Ya saurari Basirat yana goge hannu da tsumma.

"Gidan Hajiya da nisa daga nan," ya ce. "Babu mota kai tsaye. Kamar adaidaita ne, sai kin sauka kin canja. Za ki ratsa mafarkin mutum biyu, duk wanda ya yi barci a kan hanya. Kowane mafarki yana da madubi a wani wuri. Ki nemo shi, ki sa sunan Hajiya a ranki, ki shige. Ana kiran la'asar kowa zai farka, ke kuma ki faɗo nan, ko kin ga rigar ko ba ki gani ba."

"To, Baba."

"Abu ɗaya. Kada ki gaida kowa."

Basirat ta ɗago kai.

"Mai mafarki ba ya ganinki sai an yi masa magana. Ki wuce kamar kyanwa."

"Ko babba ne, Baba?"

"Ko kakan kakanki ne."

Ta cire takalmi, don ba ta san ko ana shiga da shi ba. Baba Jimoh ya ce ta mayar, ba masallaci ba ne. Ta yi bisimilla ta sa ƙafa. Madubin ya karɓe ta da sanyi, kamar ruwan randa.

Ta fito a layin masu kayan wuta, amma ba kamar yadda ta san shi ba. Ko'ina fitilu ne a kunne da rana tsaka. Fankoki suna juyawa ba a jona su ba, firji sai gurnani suke a jere har inda ido ya ƙare. A gefe guda kuma ga janareto an jibge su kamar tsauni, yanar gizo ta rufe su, wata kaza ta yi ƙwai a kan na saman. A gindin tsaunin Ifeanyi ne zaune, mai sayar da janareto da gyaransu, ya yi tagumi da hannu biyu.

Can ƙarshen layin ta hango wani ƙaton firji mai ƙofa kamar madubi. Ta ɗage bakin zani, ta fara sanɗa. Ta zo daidai gabansa ke nan sai Ifeanyi ya yi wata doguwar ajiyar zuciya, irin ta wanda aka yi wa rasuwa.

Wannan fa shi ne mutumin da ya gyara mata injin keke ana jajibirin salla, ya bar abincinsa ya huce. Ƙafarta ta ci gaba, bakinta ya tsaya.

"Sannu, Oga Ifeanyi. Allah ya kawo sauƙi."

Ya ɗago. "A'a, 'yar Iya. Ke ce? Wane sauƙi kuma ya rage? Wata bakwai ba a ɗauke wuta ba. Ko ƙiftawa. Jiya wani ya zo ya tambaye ni wai mene ne wannan, injin markaɗe ne?" Ya share ido. "Ya Iya? Ya idon nata?"

"Da sauƙi. Oga, sauri nake."

"Ki sha lemo mana. Sanyi dai akwai shi, shi ne abin da ya rage mana."

Sai da ta kurɓa sau biyu ya ƙyale ta. Ta miƙe, shi ma ya miƙe.

"Bari in taka miki."

"Haba Oga, ka zauna, ga ƙofar can."

"Shekara ashirin da shida ina Kano. In ban koyi komai ba ai na koyi rakiya."

Ya raka ta har gaban firjin. Ta sa ƙafa, ta juyo za ta yi masa sai an jima, ya waiwaya ya dubi tsaunin janaretonsa da kazar, ya ce, "Nan ai bakin ƙofa ne, bari in ƙara gaba kaɗan." Ya biyo ta.

Suka fito a tashar jirgin ƙasa. An yi mata sabon fenti, agogon bango yana tafiya, layin dogo kuma ya tashi daga ƙasa ya hau rufin gidajen Fagge, ya zagaya Dala, ya ɓace cikin gajimare. Jirgi yana tsaye yana huci. A kan inji Malam Gana ne, tsohon direban jirgi da ya yi ritaya tun Basirat tana firamare, wanda kullum yake barci a kan benci a inuwar darbejiyar bakin tasha. A nan sanye yake da farin kaki, gemunsa baƙi ƙirin, yana duba agogon aljihu.

Basirat ta hango madubin a ƙarshen dandamali, dogo, irin na duba bayan jirgi. Ta cije leɓe. Malam Gana aminin marigayi mahaifinta ne, amma ta rantse a ranta wannan karon ko tari ba za ta yi ba. Ta raɓa ta bayan buhunan gyaɗa, ta sunkuyar da kai.

"Baba Gana, barka da aiki," in ji Ifeanyi da ƙarfi, yana ɗaga hannu. Shi ba wanda ya gaya masa doka.

Malam Gana ya amsa, sannan idonsa ya sauka a bayan buhunan.

"Waccan ba 'yar Quadri ba ce? An girma, an buɗe shago, an daina gaida mutane?"

Basirat ta fito ta durƙusa har ƙasa.

"Baba, ina wuni?"

"Lafiya lau. Ya Iya?"

"Tana lafiya."

"Ya idon?"

"Da sauƙi."

"Ya keken? Ya zafin nan? Ya mutanen garinku Ofa, ana jin labarinsu? Yayanki na Kaduna ya ƙara haihuwa?"

Tana amsawa tana kallon agogon bango. Da ya ƙare da danginta sai ya koma kan na Ifeanyi, har da surukarsa. Daga nan ya tambayi inda za ta. Ta ce gidan Hajiya Ummakulsum.

"A ƙasa? 'Yar Quadri ta yi tafiyar ƙasa ina riƙe da jirgi? Me zan ce masa ran gobe? Hau."

"Baba, ta cikin madubin can zan bi. Jirgi ba zai shige ba."

"Shekara arba'in ina tuƙi, ba a taɓa nuna mini inda jirgi ba zai shige ba." Ya duba agogo. "Uku da minti goma sha biyu. Daidai."

Ya ja igiya, jirgin ya yi kuka. Basirat ta runtse ido. Ifeanyi ya leƙa ta taga yana murna, don ya lura taragon da fitilar aci-balbal ake haska shi.

Mafarkin Hajiya tsakar gidanta ne, amma ya miƙe ya zama fili, ya fi filin ƙwallo goma. 'Yan mata ɗalibai sun yi layi gefe da gefe, ɗaruruwa, kowace da farcenta a yanke, ba mai ko motsi. Can tsakiyar filin ga Hajiya ta ba su baya, tana tafiya tana wurga hannu kamar budurwa. Shuɗin rigar yana ɗaukar ido, sai dai nisan ya hana a ga komai.

Jirgin bai gama tsayawa ba Basirat ta dira. Ta tattare zani za ta ruga.

"Ina za ki?" in ji Malam Gana. "Gidan mutane ne fa."

"Baba, don Allah kada ka..."

Ina, ya riga ya sauko, ya gyara hula, ya tsaya daga inda yake ganin nan ne ya kamata zaure ya kasance. Ya buɗe muryar da ya saba yi wa fasinja.

"Salamu alaikum. Masu gida suna ciki?"

Hajiya ta tsaya cak. Muryar namiji ce. Ba ta ko waiwayo ba ta miƙa hannu, igiyar shanya ta matso da kanta, ta fizgi wani hijabi ruwan ƙasa ta zura. Ya sauka tun daga goshi har ya rufe yatsun ƙafa. Sannan ta juyo.

"Wa alaikumus salam. Maraba, maraba. Malam Gana ne? Da Oga mai janareto? Basira, kin kwaso mini baƙi ba ki aiko ba. Bisimilla, ku shigo."

Tabarma ta shimfiɗu, kujeru suka fito. Aka sake sabuwar gaisuwa daga farko, wannan karon mutum uku kowa yana tambayar kowa. Basirat tana durƙushe tana kallon hijabin. Yadi ne mai kauri, irin wanda ko inuwar abin da ke ciki ba ya nunawa.

"Hajiya," ta ce a hankali, "ko za mu ɗan shiga ciki, ina da magana."

"In bar baƙi a zaune? Wa ya koya miki?"

"To ko zafi bai dame ki ba? Hijabin nan da nauyi."

"Da maza a gidan?"

Basirat ta juya ga mazan. "Baba, kun kawo ni, na gode. Kada jirgi ya makara."

"Sai mun sha ruwa," in ji Malam Gana. "Ba a shiga gidan Hajiya a fita haka."

"Ni ba sauri nake ba ko kaɗan," in ji Ifeanyi.

Ɗalibai biyu suka kawo fura a kwanon sha. Hajiya ta tsaya a kansu tana cewa su ƙara, tana kuma sanar da su cewa in sun gama za ta taka musu har tasha.

Sai daga sama aka ji ƙwas, ƙwas. Ladanin masallacin layin su Hajiya ne yake ƙwanƙwasa lasifika da yatsa. Basirat ta san shi. Zai ƙwanƙwasa, ya hura, ya yi gyaran murya sau biyu, sannan ya fara. Gefen filin ya soma dusashewa, ɗaliban layin baya suka fara ɓacewa ɗaya bayan ɗaya.

Ta rarrafa zuwa ƙafar Hajiya.

"Hajiya, tsaya, zare ne yake reto a ƙasan rigarki."

Babu macen da ke hana tela cire zare. Hajiya ta tsaya, ta ci gaba da yi wa Malam Gana bayanin yadda tarbiyya ta lalace. Basirat ta zura hannu ta ƙarƙashin hijabin.

Ta yi zaton za ta ji duwatsu, ko aikin zare, ko wata tattara da ba a taɓa gani ba a Kano. Ba ta ji komai ba. Kalmasa ce miƙaƙƙiya. Ta bi ɗinkin gefe zuwa sama. Doguwar riga ce kawai, ba ta da maraba da ta farkon da ta ɗinka aka dawo mata da ita. Ta kama yadin a wajen ƙugu, sai ya cika mata hannu, har da saura.

Nan ta gane. Awon Hajiya da ke cikin littafin Iya tsoho ne, tawadarsa har ta koma ja. Duk wanda ya doso Hajiya da tef sai ta ce, "Awona yana littafi." Iya ba ta taɓa gardama ba, ba ta kuma taɓa gyara rubutun ba. Kallon Hajiya take yi tun daga bakin ƙofa, ta ƙara abin da ya kamata a kan almakashi, ta yi shiru. Ita kuwa Basirat, da takardar shaidarta ta koyon zanen tufafi, littafin ta bi layi-layi. Riga biyu ta ɗinka wa Hajiyar shekara ashirin da suka wuce, ba ta yau ba.

Ladan ya hura lasifika.

Babu tef. Ta ware babban yatsa da na tsakiya ta fara awo da taƙi, tana zagaya Hajiya a kan gwiwa.

"Basira, me kike yi ne kamar mai ɗawafi?"

"Zaren ne dogo, Hajiya. Ya zagaya ta baya."

Ƙugu, taƙi shida da yatsa uku. Ta miƙe tsaye, hannu har yanzu a ciki. Ƙirji, shida cif.

"Har sama ya hau?"

"Har hannu, Hajiya. Ɗan ɗaga."

Ladan ya yi gyaran murya na farko. Tabarma ta ɓace daga ƙarƙashin Ifeanyi, ya riƙe kwanon fura gam. Damtse, taƙi biyu da yatsa ɗaya. Gyaran murya na biyu. Kafaɗa, biyu da rabi. Malam Gana ya miƙe yana cewa to bari su kama hanya, Allah ya saka da alheri, a gaida yara.

Aka yi kabbara.

Basirat ta faɗo a ƙuryar shagon Baba Jimoh, ta bugi bokiti. Yatsunta biyu a ware suke, a sandare.

"Kin gaida wani?" ya tambaya.

"Shida da uku, shida, biyu da ɗaya, biyu da rabi," ta ce, ta fice.

Haka ta ratsa kasuwar da hannu a sama tana ta maimaitawa. Ta wuce shagon Ifeanyi, ta gan shi yana miƙa, yana kallon fankarsa da ta tsaya cak, fuskarsa cike da godiya. Ya ɗaga mata hannu, ba ta tsaya ba. A shago ta shimfiɗa leshin, ta auna da hannunta, ta yi alama da alli. Ta sa almakashi ta yanka.

Washegari da hantsi Hajiya ta zo. Ta karɓi rigar, ta ɗaga ta, ta juya gaba da baya.

"Wannan ai irin ta farko ce."

"A gwada dai, Hajiya."

Ta shiga bayan labule. Basirat ta tsaya tana jin motsin yadi, tana jiran tsakin da ta saba ji. Shiru. Can Hajiya ta fito. Ta ɗaga hannu ɗaya sama, ta sauke. Ta ɗaga biyun. Ta zauna a kan benci, ta tashi ba tare da ta dafa komai ba. Ta taka zuwa ƙofa ta dawo, hannuwa suna wurgawa.

"Ita ce," ta ce. "Kin gani ko? Da kin bi awon uwarki da kyau tun farko, da ba a yi wannan wahala ba. Iya ta iya awo."

"Haka ne, Hajiya."

Hajiya ta yafa mayafi, ta ɗauki jaka, ta ce da yamma za ta biya ta nuna wa Iya, in ma ba ta gani ba ta shafa. A bakin ƙofa ta tsaya. Idonta ya sauka a kan littafin awo da ke buɗe a tebur, da biron da Basirat ta riga ta ɗauka.

"Basira."

"Na'am, Hajiya."

"Ni fa barcina ba nauyi gare shi ba, kuma rigar can ba ta da wani zare." Ta gyara mayafin. "Abin da hannunki ya gano, ya zauna a hannunki. Littafin nan a bar shi yadda yake."

Basirat ta mayar wa biron murfinsa, ta rufe littafin.